Katin Ƙarshe da Zubair Ya Aiko

A Unguwar Kanya, wani ƙauye da ke kusa da Ɗanbatta, in ka tambayi gidan Naziru sai a ce maka wanne, amma in ka ce Naziru Gola kowa zai nuna maka. Shi ne ɗan fari a wurin Inna Hure. Maza biyu ta haifa, shi da ƙanensa Zubair, sai mata da suka yi aure a ƙauyukan kusa. Saboda alkunya ba ta taɓa kama sunansa ba, in za ta kira shi sai ta ce, "Yayan Zubair."

Mahaifinsu ya rasu Naziru yana ajin ƙarshe na sakandare, sai ya ajiye biro ya ɗauki fartanya. Gonarsu ba babba ba ce, don a wannan yanki gona jingine take da gona, layin gamba ne kawai ke raba taka da ta maƙwabci. Duk da haka gero da gyaɗar da yake nomawa suna riƙe gidan, in an yi girbi kuma ya bi motocin da ke kai amfanin gona Kano yana lodi. Ya auri Sakina, 'yar maƙwabtansu, suka haifi 'ya mace, Aina'u.

Abin da ya fi so a duniya shi ne ƙwallo. Dogo ne, ga manyan hannuwa, ya daɗe yana tsare wa ƙungiyar ƙauyen raga a filin firamare. Zubair ne ɗan gabansu, mai gudu da yawan surutu. In ana atisaye ya buga Naziru ya kama, sai ya tsaya ya riƙe ƙugu ya ce, "Haba Yaya, ko sau ɗaya ba za ka bar wa ƙanenka ba?"

Wata kaka Naziru yana zaune a saman lodin gyaɗa a kan hanyar Kano, tayar motar ta fashe. Motar ta kwanta, buhuna suka danne shi. Ya yi watanni a asibiti. Daga ƙarshe likita ya ja Zubair gefe ya gaya masa ƙashin baya ya karye, laka ta taɓu, daga ƙugu zuwa ƙasa Naziru ba zai sake ji ba. Aka dawo da shi gida da keken guragu da ledar magunguna.

Da farko gidan ba ya rabuwa da 'yan dubiya. Sannu a hankali ƙafa ta ɗauke, kuma shi ma ya taimaka, don in abokansa sun zo sai ya juya fuska bango ya ce wa Sakina ta ce barci yake. Ya ƙi hawa keken. In ya ji ihun 'yan ƙwallo daga filin firamare da yamma sai ya ce a rufe taga. Damina biyu ta wuce bai leƙa ko zaure ba. Sakina ce ke juya shi, ta yi masa wanka, ta shafa masa magani a inda kwanciya ta fara ci, ba ta taɓa nuna masa ta gaji ba, shi kuwa da ƙyar yake ce mata sannu.

Zubair ya riƙe gonar shekara ɗaya, ya ga ba za ta ɗauki abinci da magani tare ba. Ya bar wa kawunsu ita ya noma a raba, shi kuma ya sami aikin tuƙin motar kai kaya a wata ƙasar Larabawa. Ranar da zai tafi ya durƙusa a gefen katifar ya ce, "Yaya, zan tafi." Naziru ya ce, "Allah ya tsare," bai ko juyo ba.

Bayan kusan shekara wani da ya dawo daga can ya kawo kwali. A ciki akwai na'urar wasan talabijin da ake kira gem, fara tas, da hannu biyu na buga wasan. Kwana kaɗan sai ga Hadi, abokin Zubair mai shagon cajin waya a Ɗanbatta, da faifan sola da batir da ƙaramar talabijin a bayan mashin. Ya ce Zubair ne ya sa shi ya haɗa komai.

Naziru ya dubi kayan ya ce, "Yaro ya mayar da ni? Ku kwashe."

Hadi bai kwashe ba. Ya hau rufin ya kafa sola, ya jona wayoyi. Sakina tana tsaye tana kallo, ta ce, "Malam Hadi, ina ake sa faifan wasan?"

Ya ce, "Ai wannan ba ta cin faifai. Kati ake saya kamar na waya, a shigar da lambobin, sai wasan ya sauko ta intanet. Zubair ya riga ya buɗe mata akawun a can da lambar wayarsa, kati kawai ya rage."

Sakina ta riƙe wannan magana a ranta. Ba ta gaya wa kowa ba, da yayanta zai shiga Kano ta roƙe shi ya sayo mata katin gem. Ya kawo, ta kankare bayan katin da tsinke, ta aika aka kira Hadi. Ya shigar da lambobin, na'urar ta ƙi. Ya sake, ta ƙi. Ya juya katin ya karanta ƙananan rubutun, sannan ya girgiza kai. Katin na Amurka ne, akawun ɗin kuwa na ƙasar da Zubair yake, kuma kowace ƙasa da nata katin. Da aka kira wanda ya sayar, ya ce abin da aka kankare ba ya komawa.

Sakina ta koma bayan ƙofa ta zauna da katin a hannu, ta fara kuka a hankali don kada a ji. Naziru ya ji. Tun da ya kwanta bai taɓa jin kukanta ba, ashe ma bai taɓa tunanin ko tana yi ba. Ya daɗe yana kallon rufin ɗaki, sannan ya ce, "Sakina, miƙo min wayar nan."

Wannan ne karo na farko da ya kira Zubair da kansa. Zubair ya saurari labarin katin ya fashe da dariya, dariyar da ke da rawar murya a ciki. Ya ce, "Yaya, wa ya ce ku sayi kati? Ka ce wa Anti Sakina ta share hawayenta. Ga naku nan zuwa."

Kafin la'asar hoton kati ya shigo wayar, haruffa da lambobi a jere. Hadi ya miƙa wa Naziru hannun gem ya nuna masa yadda ake zaɓar harafi. Naziru ya shigar da su ɗaya bayan ɗaya, yatsunsa da suka saba da fartanya suna ta danna abin da bai nufa ba. Da ya gama ya danna, na'urar ta karɓa. Sai dai wasan ya ƙi saukowa, don sabis a Unguwar Kanya zuwa yake yana tafiya. Dole Hadi ya naɗe na'urar a zane ya tafi da ita shagonsa, ta yi kwanaki a can tana ja. A kwanakin nan Sakina ta lura mijinta yana tambaya, "Hadi bai zo ba?"

Wasan ƙwallo ne. Ranar da aka dawo da ita Naziru ya sha kashi a hannun na'urar har ya yi tsaki, amma bai ajiye ba sai da batir ya yi ƙasa. Daga baya Zubair ya koya masa ta waya yadda ake canza sunayen 'yan wasa, suka zauna suka jera 'yan ƙungiyar Unguwar Kanya kaf, har da wanda ba a sa shi wasa sai an rasa mutum. Zubair ya dage sai an yi mai tsaron raga dogo, an rubuta Naziru a bayan rigarsa. Da mutumin cikin talabijin ya yi tsalle ya ture ƙwallo ta saman raga, Naziru ya ce, "Wannan ai ya fi ni."

Ɗakin ya yi wa abin kaɗan. Shi da kansa ya ce a mayar da talabijin zaure, kuma a ɗora shi a keken. Abokan da suka daina zuwa suka dawo, kowa yana so ya ga kansa a fili. Wasu dattawa sun yi ƙorafi cewa an kawo abin shagala, amma da suka ga Naziru ne ke fara kashewa da zarar ladan ya ɗaga murya, ya sa a tura shi masallaci, sai suka bar maganar.

Juma'a ce ranar hutun Zubair. Bayan an sauko daga masallaci yakan ari na'urar abokan zamansa, Naziru kuma ya sa a rataye waya a ƙusa can saman bango inda sabis ya fi kamawa, su haɗu a fili ɗaya ta intanet. Rabin wasan a tsaye yake ƙarewa. Ɗan wasa ya ɗaga ƙafa zai buga sai ya daskare, in ya farfaɗo an riga an ci. Ba su damu ba, don wata wayar tana buɗe a kan cinyar Naziru suna ta gardama. Inna Hure takan shimfiɗa tabarmarta daga cikin gida, daidai ƙofar zaure, tana ɓarar gyaɗa tana sauraro. Wata rana ta leƙo ta ce, "Yayan Zubair, wanne ne shi a ciki?"

"Mai jar riga, Inna."

"To ka bar shi ya ci mana. Ba ƙanenka ba ne?"

Daga cikin wayar Zubair ya ce, "Gaya masa dai, Inna. Tun muna yara nake roƙonsa."

Duk shekara in sabon wasan ya fito Zubair yakan sayi kati ya turo hotonsa, wani lokaci ya haɗa da na tseren mota ko na dambe. Hadi ya ɗauki na'urar ya kai Ɗanbatta, ya dawo da ita. Naziru ya yi ƙiba, fuskarsa ta washe, har ya koma bai wa 'yan ƙungiya shawara in za su je wasa wani ƙauye.

A shekara ta uku, ana dab da girbi, Zubair ya turo hoton sabon kati da saƙon murya. Ya ce, "Yaya, kar ka sa tukuna. Ka jira ni Juma'a mu buɗe tare, ba na so ka riga ni iyawa."

Kafin Juma'ar wata baƙuwar lamba ta kira da hantsi. Mai maganar ya ce sunansa Abdulrauf, mutumin Bici ne, ɗakinsu ɗaya da Zubair. Ya yi ta kewaye-kewaye yana tambayar lafiyar gida, har Naziru ya ce, "Malam, faɗi abin da ya faru." Zubair yana sauke kaya cikin zafin rana ya dafe ƙirji ya faɗi. Kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa.

Naziru ya ce, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un," ya maimaita, wayar ta zame ta faɗi ƙasa inda ba zai iya ɗauka ba. Inna tana tsakar gida tana shanya kuɓewa. Shi ne ya tura kekensa ya je ya gaya mata, don babu wani namiji a gidan da zai yi.

A can aka binne shi. Babu gawa, babu makara, sai zaman makoki a zauren nan, an lulluɓe talabijin da zane. Inna Hure ba ta yi kururuwa ba, ta riƙe carbinta tana amsa gaisuwa. Bayan an watse, wata safiya ta zo za ta ba Naziru koko, ta buɗe baki ta ce, "Yayan..." sai ta tsaya. Ta ajiye kofin ta fita. Daga ranar in tana son magana da shi sai ta yi gyaran murya kawai.

Zanen ya daɗe a kan talabijin. Naziru bai koma ɗaki ya kwanta ba, yana fitowa zaure, amma zama kawai yake yi yana kallon hanya. Sakina ta tsorata, don ta san inda irin wannan shirun yake kai shi. Da rani ya yi nisa ta sami abokansa ta roƙe su, suka zo suka yi ta lallashi har ya ce a kunna.

Na'urar ta ce sai ta sabunta kanta. Tana cikin yi batirin sola, wanda ya riga ya tsufa, ya ɗauke. Da aka sake kunnawa ta ƙi tashi. Hadi ya tafi da ita, ya dawo ya ce ba yadda za a yi sai an wanke ta, an goge duk abin da ke ciki, an fara daga farko, kuma ya yi hakan. Ta tashi, amma ta nemi a sake shiga akawun. Hadi yana da kalmar sirrin, ya shigar. Sai ta rubuta cewa ta tura wasu lambobin tabbatarwa zuwa wayar mai akawun.

Naziru ya ce, "Wayar wa?"

Hadi ya sunkuyar da kai. "Ta Zubair."

Ba tare da waɗannan lambobi ba babu shiga. Duk wasannin da Zubair ya saya suna cikin akawun ɗin, ƙungiyar Unguwar Kanya kuma ta tafi da wankin da aka yi. Hadi ya rubuta wa kamfanin, suka yi tambayoyin da Zubair kaɗai ya san amsarsu.

Da Abdulrauf ya zo hutu ya kawo jakar mamacin har gida. Tufafi ne, da turaren da ya saya wa Inna, da takalmin makaranta na Aina'u, da wayarsa. Naziru ya karɓi wayar da hannu biyu, ya aika a kira Hadi nan take. Aka yi caji ta kawo haske, hoton Inna ne a fuskarta. Amma da yatsan mai ita take buɗewa, layin kuma Abdulrauf ya ce an rufe shi tun da aka soke takardar zaman Zubair. Hadi ya cire layin ya sa a tasa wayar, ya ɗaga sama, ya fita waje ya dawo. Babu komai.

Da Hadi zai tafi ya ce, "Yaya Naziru, akwai abu ɗaya. Katin nan na ƙarshe ba a taɓa shi ba. In na buɗe maka sabon akawun na ƙasar can, ina jin zai shiga. Tsofaffin dai sun tafi."

Naziru ya ce, "Cewa ya yi in jira shi."

Makonni suka wuce. Yakan buɗe hoton katin ya duba, ya saurari saƙon muryar, ya kife wayar. Sakina ta ce masa sau ɗaya, "Baban Aina'u, don ka yi wasa ya saya, ba don ka ajiye ba." Ya ce ta bar maganar, ta bari.

Inna ce ta warware. Wata rana da hantsi ta shigo zaure, abin da ba ta saba yi ba, ta tsaya kusa da keken ta yi gyaran murya. Ta ce, "An ce akwai abin da yaron nan ya aiko maka ba ka karɓa ba."

"Haka ne, Inna."

"Ni na shafa turarena. Aina'u ta sa takalminta. Kai ma ka je ka karɓi naka. Guminsa ne, kar ya tafi a banza."

Ranar kasuwar Ɗanbatta aka yo hayar adaidaita. Wannan karon Naziru ya ce ba za a kai na'urar ba shi ba. Aka ɗaga shi aka zaunar, aka ɗaure keken a baya, Sakina ta zauna gefensa da na'urar a cinya. Tun hatsarin bai shiga garin ba. Ya ga sababbin shaguna inda ya san fili, wasu 'yan lodi da ya yi aiki da su suka gane shi suka biyo adaidaitar suna gaisuwa, suna yi masa ta'aziyya.

Shagon Hadi ƙarami ne, wayoyi jere a kan katako suna caji. Ya ture benci ya shigar da keken, ya jona na'urar da talabijin ɗinsa, ya buɗe sabon akawun da lambar Naziru. Sannan ya miƙa masa hannun gem. Sakina ta riƙe wayar tana nuna masa hoton, ya fara shigar da haruffan. Ya gama ya danna, na'urar ta ce lambobin ba daidai ba ne.

Ya ajiye hannun a cinya ya ce, "Shi ke nan. Mu tafi."

Sakina ta matso da wayar kusa da idonta ta ce, "Tsaya. Wannan ba sifili ba ne, harafi ne. Ka duba."

Ya goge ya gyara. Na'urar ta ɗan yi jim, sai hoton wasan ya bayyana, layin saukewa ya fara tafiya. Hadi ya ce, "Alhamdu lillahi." Naziru ya kama tayar keken ya juya kansa ya fuskanci bango, kafaɗunsa suka fara girgiza. Tun ranar da Abdulrauf ya kira bai yi kuka ba sai a nan, a cikin hayaniyar kasuwa, ga masu karɓar waya suna tsaye a ƙofa. Hadi ya fita ya ja ƙyauren ya ce musu su dawo an jima.

Da suka koma gida da yamma Inna tana bakin ƙofa. Ta ce, "An samu?" Ya ce, "An samu, Inna." Ta ce, "Allah ya jiƙansa," ta wuce ta kai wa awaki dusa.

Har yanzu na'urar tana zauren, an sake mata batir, kuma wasan nan ɗaya ne a cikinta. Ya tsufa, 'yan wasan ciki da yawa sun canza ƙungiya, samari suna ta ce wa Naziru ya nemi sabo, Hadi ma ya ce yanzu ya san inda ake samun katin da ya dace. Yakan ce to, sai an kwana biyu. Yana barin su su buga, shi yana gefe yana gyara musu hannun gem in maɓalli ya maƙale, sana'ar da ya koya a hankali har ana kawo masa daga wasu ƙauyuka. Lafiyarsa sai godiya, wani watan ya wuni a zaure, wani watan ciwon kwanciya ya tayar masa a kai shi asibiti. Sakina tana nan, ta fara saƙar hula tana sayarwa. Inna Hure ta rage ji sosai, ta bar ɓarar gyaɗa saboda yatsunta. Bana Aina'u ta shiga aji huɗu.